Murdani da Tayil ɗin Surukarsa

"Duk faɗin tsibirin Lombok ɗin nan," in ji Murdani, yana kaɗa kofin kofi sama kamar mai wa'azi, "babu tudun da ban hau ba, babu ƙauyen da ba a yanka mini kaza ba. Ni in na nuna wa Bature wuri, ko juji ne, sai ya yi hawaye sannan ya ɗauki hoto. Harsuna kuwa ni kaina ban san yawan waɗanda nake ji ba. Wani sa'in ina barci sai in ji ina Jamusanci."

"Shi ne minsharin nan da matarka ke ƙorafi?" in ji Amak Senun direba, ko ɗagowa bai yi ba.

Abokina, bari ka san mutumin tukuna. Murdani ɗan garinmu ne, gajere mai tumbi, da baƙin tabarau da ba ya cirewa ko a masallaci sai liman ya harare shi. Shi yana kiran kansa Mista Dani. Mu kuwa Lasifika muke ce masa. Sana'arsa kai baƙi yawon yini guda: da safe a hau tudu a hango teku, da hantsi a shiga tsohon ƙauye a ga gidajen ciyawa da mata masu saƙa, a ci abinci, a mayar da su otal kafin magariba. Aiki ne da mutane da yawa ke yi lami lafiya. Shi kaɗai ya yi shi har aka hana shi taka tsohon ƙauyen nan na kudu, bayan ya shaida wa wasu baƙi cewa mai garin yana rikiɗa ya zama kada duk ranar Alhamis. Baƙin suka yi layi suna roƙon a bar su su shafa bayan dattijon. Aka rako Murdani har bakin titi da tsintsiya.

Daga nan otal-otal suka daina kiransa. Saura Bu Desak kaɗai, mai wani ƙaramin otal a bakin teku, wadda ta ce za ta gwada shi sau ɗaya tak, shi ma don darajar matarsa Rumisah da ke kawo mata kayan saƙa. Rumisah kuwa ta gaya masa a fili tana ninke wanki.

"Kak Dani, in wannan ma ya lalace, ni da yara mun koma gidan Inak, mahaifiyata. Kai sai ka zauna ka yi wa kujeru jawabi."

"Ki fara zaɓen launin motar da zan saya miki," in ji shi.

Baƙin wasu tsofaffin Turawa ne daga Holan, Mista Wim da matarsa Madam Marika, kuma abin da suka fi nanatawa shi ne tsohon ƙauye. Tsohon ƙauye kuwa ya yi wa gwanin namu haram. Da wani ne, da sai ya je ya durƙusa ya ba mai gari haƙuri. Murdani sai ya ce ai ƙauye ba daga sama yake faɗowa ba, mutane ke yin sa, kuma shi mutum ne.

Sai ya tuna da Lendang Paok, ƙauyen su matarsa. Har yanzu akwai tsohon rumbun shinkafa mai rufin ciyawa a tsakar gidan surukarsa, kuma a ranar yawon surukar za ta tafi biki can gabashin tsibiri, ba za ta dawo ba sai yamma.

To, wannan suruka, Inak Rumisah, wato uwar Rumisah a yarenmu, ba ta wasa ba ce. Shekaru ta yi tana aikatau a Saudiyya, ta dawo Hajiya, ta rushe tsohon ɗaki ta gina na bulo, ta shimfiɗa masa farin tayil tun daga baranda har kicin. Wannan tayil shi ne ɗanta na fari, Rumisah ta biyu. Safe da yamma take goge shi. Baƙo sai ya wanke ƙafa kafin ya taka. Kajin gidan ma in suka zo bakin baranda da kansu suke juyawa.

Mutum ɗaya ke da haushin tayil ɗin, mahaifinta Papuk Gemuh, wanda aka hana tofar da taba a kai. Shi Murdani ya samu da ƙunshin taba a hannu.

"Papuk, gobe kai ne sarkin ƙauyen da bai taɓa ganin Bature ba. Ka zauna a rumfa, ka ɗaura zane da ɗankwali, ka riƙa kallon nesa. Kada ka ce komai."

"Haƙoran fa? In cire?"

"Ka cire, sun yi sabunta da yawa."

Gari na wayewa, Inak Rumisah na hawa motar biki, Lasifika ya duƙufa. Ya rufe kwanon gida da ganyen kwakwa. Ya rataya busasshiyar masara a jikin wayoyin lantarki. Ya tura baburan maƙwabta cikin kurmin gora. Ya naɗe firij da tabarma. Ya jingina sandunan wasan sanda da garkuwar fata a bakin ƙofa don ado. Da ya ja da baya ya duba, komai ya yi tsufa sai abu ɗaya: tayil yana ta walƙiya kamar haƙorin talla.

Ka san a tsoffin gidajenmu daɓen ƙasa ake shafa wa kashin ɓauna. Ƙasa ta shanye, ya bushe, ya yi ƙarfi, ba wari ba ƙura, Turawa kuma su yi ta mamaki. Murdani ya sha ganin haka daga nesa. Ya ɗebo bokiti biyu cike daga garken maƙwabci, ya dama da ruwa, ya malale tayil ɗin Hajiya tun daga baranda har gindin firij. Papuk yana zaune yana kallo, fuskarsa cike da wani irin farin ciki.

"Ɗana, ga wani fari can a kusurwa. Ƙara masa."

Ya ƙara masa. Sannan ya wanke hannu, ya fesa turare, ya tafi ɗauko baƙi.

Aka fara da tudu. A mararraba Amak Senun ya sa hannu zai karya dama, Murdani ya dafa sitiyari.

"Hagu."

"Tudun da ake ganin teku dama yake."

"Wannan na gama-gari ne. Ni nawa tudun na musamman ne. Kai dai tuƙi aka ɗauko ka."

"To," in ji Amak Senun. Ya karya hagu.

Suka hau, suka hau, har motar ta fara tari. A saman tudun gajimare ya sauko ya lulluɓe ko'ina, ko tsinin takalminka sai ka sunkuya. Wannan bai dami Murdani ba. Ya tsaya a bakin hanya, ya miƙa hannu cikin farin hazon, ya buɗe Turancinsa, wanda rabi daga fim ya tsince shi, rabi daga jikin kwalin magani.

"Madam, Mista, a gabanku teku ce shuɗiya. Can ga tsibirai uku kwance kamar 'yan uku a bayan uwarsu. Ga jiragen masunta. Ku ja numfashi, ku ji iskar gishiri."

Madam Marika, mace mai kirki wadda ba ta son ɓata wa kowa rai, ta ja numfashi. Ta ɗan yamutsa fuska.

"Teku ɗinku tana warin kaji."

"Irin ta nan ke nan, Madam. Ba a samun ta ko'ina."

Sai iska ta taso ta yaye gajimaren kamar an ja labule. A gabansu, daidai inda yatsan Murdani ke nunawa, ga dogayen rumfunan gonar kaji, da wani mutum daga shi sai gajeren wando yana goge haƙora a bakin famfo. Mutumin ya ɗaga musu buroshi.

"Ina tekun?" in ji Mista Wim, kyamara a ido.

"Ta janye," in ji Murdani. "A wannan watan tana janyewa sosai."

"Har daga kan dutse?"

"Shi ya sa na ce muku na musamman ne. Kun yi sa'a, mutane da yawa sun zo ba su tarar da ta tafi ba."

Mista Wim ya ɗauki hoton mai buroshi. Amak Senun ya kifa kansa a kan sitiyari, kafaɗunsa suna rawa.

A hanyar saukowa gwanin namu ya yi ta share fage. Ƙauyen da za su shiga, in ji shi, ba ya cikin taswira. Mutanensa ba su san ƙarfe ba, ba su san agogo ba, in suka ga madubi gaishe shi suke yi. Sarkinsu ya girmi dutsen mai aman wuta da ɗan kaɗan. Shi Mista Dani kaɗai suka yarda da shi, don ya taɓa ceton sarkin daga bakin mesa.

Suka tarar da Papuk Gemuh a rumfa, ba haƙora, yana kallon nesa yadda aka umarce shi. Wallahi ya yi kyau. Madam Marika ta dafa ƙirji. Murdani ya durƙusa ya gabatar da su cikin rawar murya, ya ce daga Holan suka zo. Jin Holan sai idon tsohon ya dawo daga nesa. Ka san Papuk ya yi zamansa a gonakin kwakwar manja a Malesiya, kuma ba wasan ƙwallon da ke wuce shi a talabijin. Ya kama hannun Mista Wim, ya ce masa da Turanci tas:

"Mai tsaron gidanku na bana ba shi da hannu."

Mista Wim ya waiga. "Ya ce mai tsaron gida?"

"A'a, tsohon yarenmu ne, yana kama da Turanci a kunne. Addu'a ya yi muku, ya ce Allah ya tsare gidanku."

Bai rufe baki ba sai wani kiɗa ya tashi daga cikin zanen sarki. Kiɗan rawa ne, irin na gidan biki, har zanen yana karkarwa.

"Gyare ne," in ji Murdani. "Gyaren sarauta. A jikinsa yake kwana."

Sarki ya sa hannu ya ciro gyaren, ya kanga a kunne. "Na'am, 'yata. A'a, lafiya lau. Tayil? Wa ya gaya miki? To, ai tun da har kin kusa, sai kin iso." Ya mayar da gyaren cikin zane, ya ci gaba da kallon nesa.

Da yarenmu ya yi maganar, don haka baƙi ba su ji ba. Murdani ya ji. Amma ya lissafa cewa daga gabas zuwa nan tafiya ce, zai nuna ɗaki a gurguje ya kwashe baƙinsa ya ɓace, in ya so daga baya a ce ɓauna ce ta shiga da kanta.

"Yanzu ku zo ku ga daɓen kakanninmu," in ji shi, yana tuɓe takalmi. "Busasshe, mai ƙarfi, ba wari."

Warin ya riga ya fito tarbarsu tun daga tsakar gida, da rakiyar ƙudaje. Ƙasa tana shan abu, tayil kuwa bai taɓa shan komai ba a rayuwarsa. Abin yana nan yadda aka zuba shi, sai ma ƙarin santsi da zafin rana ya yi masa.

"Ku duba yadda ake takawa."

Ƙafar dama ta taka. Ta hagu ba a shawarce ta ba. Mista Dani ya tafi suuu, hannuwa a buɗe, ya wuce baranda, ya wuce falo, ya wuce hoton Hajiya a Makka, bai tsaya ba sai da ya rungumi firij. Tabarma ta zame. Ƙofar firij ta buɗe, fitila ta kama, ga lemon kwalba jere da rabin kankana. Shi kuma ya zauna daɓas, tabarau a kan haɓa.

"Akwatin kakanni," ya faɗa daga ƙasa. "Ba ya haske sai ya ga baƙi masu tsarkin zuciya."

A daidai nan aka ji tsayawar acaɓa a ƙofar gida. Ashe tun da hantsi wata maƙwabciya ta aika wa Inak Rumisah hoto, ta sauka daga motar biki a rabin hanya. Ta shigo cikin farin mayafi da jakar hannu. Ta kalli rufin gidanta. Ta kalli mahaifinta, wanda nesa ta ƙara yi masa nisa. Ta kalli Turawa ta yi musu murmushi, don mace ce mai tarbiyya. Sannan ta kalli tayil.

Ba ta yi ihu ba. Ta ajiye jaka a kan rumfa, ta naɗe mayafi ta ɗaure a ƙugu, ta duba sandunan da aka jingina don ado, ta zaɓi mai kauri.

"Murdani, fito."

"Inak, sannu da dawowa. Ya biki?"

"Fito, ɗana. Kada ka sa in taka."

Ya rarrafo. A bakin ƙofa ya fizgi garkuwar fata, ya miƙe, santsi ya mayar da shi, ya sake miƙewa. Sanda ta farko a garkuwa ta sauka. Ta biyu ta gano inda garkuwa ba ta kai ba, sauran duk suka bi ta. Suka zagaya rumbu, suka zagaya rijiya, kaji na tashi sama, maƙwabta sun cika katanga, Amak Senun ya hau rufin mota don ya gani da kyau. Mista Wim kuwa yana biye da su da kyamara a durƙushe kamar ɗan jarida a fagen yaƙi.

Abin da zan yaba wa Lasifika shi ne, ko a wannan hali bai bar aiki ba. Tsakanin sanda da sanda yana jefo wa baƙi bayani.

"Al'ada ce, Madam. Wayyo. Tsohuwar al'ada. Suruka tana sa wa mijin 'yarta albarka. Inak, ban da kai. Yawan duka, yawan shinkafar bana."

"Me kake ce musu?" in ji Inak Rumisah, ba ta tsaya ba.

"Ina ce musu ke mace ce mai tausayi."

"Gaya musu tayil ɗin daga ina aka kawo shi."

Madam Marika idanunta sun ciko da ƙwalla. Ta ce ta zagaya ƙasashe da yawa, ba ta taɓa ganin al'ada mai rai irin wannan ba, ko'ina wasan kwaikwayo ake yi musu, amma nan kana gani ka san daga zuci yake fitowa. Ta matso cikin ladabi ta tambaya ko an yarda baƙo ma ya sa albarka. Inak Rumisah ba ta jin Turanci, amma ta ga inda hannun matar ke nunawa. Ta miƙa mata sandar da hannu biyu, har ta gyara mata riƙo.

Madam ta sa albarka. Ashe a ƙuruciyarta ta yi wasan tanis.

Da ƙura ta lafa, Mista Wim ya ce suna da abokai da yawa da za su so ganin wannan, sai dai bai sani ba ko shekara-shekara ake yi. Murdani ya buɗe baki, amma numfashi bai dawo ba tukuna. Sarki ne ya amsa daga rumfa, da Turancinsa na ƙwallo, bayan ya mayar da haƙoransa.

"Kullum. Bayan azahar."

Amak Senun ne ya mayar da baƙi otal. Jagoran yawo ya kwana biyu a Lendang Paok da bokiti da buroshi, Hajiya na zaune a kujera tana nuna masa layin da ke tsakanin tayil da tayil da bakin sanda. Rumisah ta zo da yara da akwatinta, ta wuce shi a baranda kamar ba ta taɓa ganinsa ba.

Yana cikin gugar kicin sai ga Bu Desak da kanta a mota, Amak Senun na tuƙi. Ashe Mista Wim ya sa hoton bidiyon a intanet, wayar otal ta ƙi yin shiru, kowa ƙauyen albarka yake nema. Murdani ya miƙe, ya yar da buroshi, ya mayar da tabarau.

"Kun gani? Rumisah, fito ki ji. Amak Senun, ka shaida. Ni na san abin da nake yi tun farko. Har faɗuwar nan tsarawa na yi."

Bu Desak ta ratse shi ta je ta gaishe da Inak Rumisah. Suka zauna a rumfa, aka kawo kofi da soyayyar ayaba, suka daidaita a tsakaninsu. Amak Senun zai ɗauko baƙi ya kai su tudun dama. Rumisah za ta nuna musu saƙa ta sayar. Papuk yana nan a sarki, an ma yarda ya riƙe haƙoransa. Kashin ɓauna kuwa ko a mafarki.

"Ni fa?" in ji Murdani. "Ni ne jagora ko?"

"Kai bayan azahar ne," in ji Bu Desak.

Ya so ya ƙi. Ya dubi Rumisah, ta dubi akwatinta da ba ta kwance ba tukuna. Ya karɓi garkuwa.

Haka aka yi ta yi, abokina. Motoci na zuwa, ana zagaya rumbu, ana zagaya rijiya, baƙi na tafi, Rumisah ta koma ɗakinta har ta sayi sabon keken ɗinki. Shi kuwa a shagon kofi a tsaye yake shan nasa, yana gaya wa duk mai saurare cewa zama ne bai dace da babban ɗan wasa ba.

Da abin ya ishe shi, wata rana kafin baƙi su iso, ya sami surukarsa tana shafa wa sanda man kwakwa. Ya durƙusa nesa kaɗan.

"Inak, na ce ba ni kaɗai ne surukinki ba. Ga mijin ƙanwar Rumisah, ƙato ne, bayansa ya fi nawa faɗi, baƙi za su fi gani da kyau. Ko a riƙa yi muna karɓa-karɓa?"

Inak Rumisah ta ɗaga sandar ta duba ta a hasken rana.

"Ai na gwada shi ranar da ka ce zazzaɓi kake yi. Yaron kirki ne, hannuna ya ƙi tashi, baƙi suka ce wasan kwaikwayo ne." Ta dube shi da wani irin kallo mai kama da ƙauna. "Kai kuwa, ɗana, ko sallama ka yi daga ƙofar gida, sai in ji kafaɗata ta warware da kanta. Tashi ka ɗauki garkuwarka, ga mota can ta tsaya."